Baje Kolin Zane-zanen da Aka Ƙi (Paris, 1863)

Baje Kolin Zane-zanen da Aka Ƙi, wanda Faransawa ke kira Salon des Refusés, nuni ne da aka buɗe a birnin Paris ranar 15 ga Mayu, 1863, don ayyukan da alƙalan babban baje kolin gwamnati suka ƙi karɓa. Masu tarihin fasaha na yawan kafa misali da shi idan ana batun wanda ke da ikon cewa abu ya yi kyau ko ya yi muni a Faransa.

A wancan zamani, mai zanen da bai samu shiga baje kolin gwamnati ba da wuya ya samu mai saye. Alƙalan kuwa suna bin ƙa'idar Cibiyar Fasaha ta Faransa ne: zane ya fito sumul, ba a ganin sawun buroshi, jigonsa kuma ya zama tarihi, addini ko tatsuniyoyin Girkawa da Rumawa. A 1863 sun yi watsi da fiye da rabin ayyukan da aka kawo. Da ƙorafi ya yi yawa, Sarki Napoleon na Uku ya ba da umarni a baje waɗanda aka ƙi a wani sashe na ginin Palais de l'Industrie, jama'a su gani da idonsu.

Mutane sun yi tururuwa, amma da yawansu dariya suka je yi. Zanen da ya fi shan ba'a shi ne na Édouard Manet, wanda daga baya aka san shi da suna Le Déjeuner sur l'herbe: mace tsirara zaune a kan ciyawa tare da maza biyu sanye da kwat irin na zamanin, tana kallon mai kallo ido cikin ido. Masu sharhi suka ce rashin kunya ne, aikin ma bai kammala ba.

Tsiraicin kaɗai bai isa ya bayyana fushin ba. A shekarar ce Alexandre Cabanel ya nuna zanen gunkiya Venus tsirara a baje kolin gwamnati, aka yaba, har sarkin da kansa ya saye shi. Laifin Manet dai shi ne matar da ya zana ta yi kama da 'yar Paris da za a iya haɗuwa da ita a titi.

James Whistler da Camille Pissarro ma suna cikin waɗanda aka ƙi. A 1874 Pissarro da Claude Monet da abokansu suka shirya nasu baje kolin ba tare da neman izinin alƙalai ba. Zanen Manet da na Cabanel duka suna gidan tarihi na Orsay a Paris yanzu.