Waiwaye: Roberto Andorno da tambayar "mutum ne ko kaya?"

Tun zamanin Rumawa dokokin Turai suka kasa duniya gida biyu: ga mutane, ga kaya. Kaya a saya, a sayar, a gada. (Bawa ma a wurinsu cikin kaya yake, abin da ya isa ya nuna cewa rabon bai taɓa zama mai sauƙi ba.) Sai ga shi a 1978 an haifi Louise Brown a Ingila, jaririyar farko da aka haɗa cikinta a wajen mahaifa. Ba da jimawa ba asibitoci suka fara adana ragowar 'yan tayi a daskare, kowanne cikin ɗan siririn bututu da lamba a jikinsa. To idan ma'auratan suka rabu fa? A raba 'yan tayin kamar kayan ɗaki, ko a yi shari'ar riƙo kamar ta ɗa?

A kan wannan tambaya Roberto Andorno, masanin shari'a ɗan ƙasar Ajantina, ya rubuta kundin digirinsa na uku a Faris, kuma a ganina bai taɓa barinta ba. Daga 1998 zuwa 2005 ya zauna a kwamitin UNESCO mai duba ɗa'ar binciken halittu, jim kaɗan bayan labarin Dolly, tunkiyar da masana suka kwafo daga ƙwayar halittar wata tunkiya, ya tada hankalin duniya. Kwamitin ne ya tsara sanarwar UNESCO ta 2005 kan ɗa'ar binciken halittu da haƙƙin ɗan Adam, wadda sashenta na 3 ya ce a mutunta martabar ɗan Adam, ya kuma fifita maslahar mutum ɗaya a kan buƙatar kimiyya ko ta al'umma kaɗai.

Ba kowa ya gamsu da batun martaba ba. Tun a 2003 Ruth Macklin, masaniyar ɗa'ar likitanci 'yar Amurka, ta rubuta cewa kalmar "martaba" holoƙo ce, mutunta zaɓin mara lafiya ya wadatar. Tana da gaskiyarta, don kowane ɓangare na jan kalmar zuwa gefensa. Matsayin Andorno shi ne martaba tushe ce, sai an fassara ta zuwa haƙƙoƙi takamaimai kafin ta yi aiki, irin su neman yardar mutum kafin gwaji da rufa masa asiri.

Daga baya, yana Jami'ar Zurich a Suwizalan, ya koma kan ƙwaƙwalwa. A 2017 shi da wani masani, Marcello Ienca, suka kawo shawarar sababbin haƙƙoƙi huɗu, ciki har da sirrin tunani, ganin yadda na'urori suka fara naɗar motsin ƙwaƙwalwa. A 2021 ƙasar Chile ta gyara kundin tsarin mulkinta domin kare irin waɗannan bayanai.