Ƙyastun Sihiri

Ƙyastun sihiri na'ura ce wadda babu ita a zahiri, sai a cikin ƙagaggun labaran da ake ginawa a kan duniyar almara, inda aikinta shi ne tayar da wuta ba tare da ashana ko kananzir ba. Sunan ya samo asali ne daga ƙyastu, ɗan guntun ƙarfen da Hausawa suke bugawa a jikin dutsen ƙanƙara don samun wuta kafin zuwan ashana. Abin da ya bambanta ta da sandar boka ko zoben aljani shi ne, ita tana da sassa, tana da abin murzawa ko na dannawa, tana lalacewa, kuma ana iya kai ta gyara wurin maƙeri.

Siffarta ta danganta da mai labari. Wani zai mayar da ita 'yar battar tagulla da matafiyi ke sakawa a aljihu, wani kuma ya girke ta a tsakiyar birni, ta kai girman rumbu, kowane gida yana ɗibar wuta daga gare ta. Abin da ke cikinta yakan zama garwashin da ba ya mutuwa, ko dutsen da ya faɗo daga sama, ko aljanin da aka ɗaure da hatimi. Wannan na ƙarshe shi ya fi saurin shiga kunnen Bahaushe, domin aya ta 15 ta Suratur Rahman ta bayyana cewa daga harshen wuta aka halicci aljan. Sai dai na'urar da ke ba da wuta kyauta a kowane lokaci ba ta da armashi a labari, shi ya sa gwanayen marubuta kan ɗora mata sharaɗi, kamar ta riƙa zuƙar ɗumin jikin mai kunna ta har haƙoransa su soma kaɗawa, ko ta ƙi kamawa a hannun wanda ya kwana da haƙƙin wani.

Tushen wannan tunani yana cikin wahalar da aka sha a kan wuta. Mai ƙyastu yakan riƙe ƙanƙara da 'yar audugar rimi a hannu ɗaya, ya yi ta bugu har tartsatsi ya faɗa kan audugar, sannan ya duƙa yana hurawa a hankali kada ya kashe abin da ya samu. Da damina, idan audugar ta yi sanyi, aikin kan gagara, sai a aiki yaro maƙwabta ya ɗebo garwashi a tsingaro. Wanda ya san sanyin asubahin Jos a watan Disamba, lokacin da ake kewaye murhun mai shayi ana jin ɗumi, ba ya bukatar a yi masa bayanin abin da ya sa mutane suka yi mafarkin wutar da za ta zo da dannawa ɗaya.

An taɓa ƙera abin da ya yi kusa da wannan mafarki. A shekarar 1823 wani masanin sinadarai Bajamushe, Johann Wolfgang Döbereiner, ya haɗa wata kwalba a birnin Jena wadda tutiya ke haɗuwa da ruwan asid a cikinta, su fitar da iskar haidurojin. Idan aka buɗe mata ƙofa ta bugi ɗan curin wani ƙarfe mai daraja da ake kira filatinam, sai ya yi ja, iskar ta kama da wuta. Babu bugu, babu gogawa, kuma duk wanda bai san sirrin ba zai rantse siddabaru ne. Ashanar da ake ƙyastawa ta biyo baya a 1826 daga hannun John Walker a Ingila, kuma ita ta yi nasara saboda arha da sauƙin ɗauka.

Marubucin da ke Jos ko Abuja yana da kayan gina irin wannan na'ura a ƙofar gidansa. A Taruga, kusa da Abuja, Bernard Fagg, wanda ya kafa gidan tarihi na Jos a 1952, ya tono matoyan narka tama na mutanen Nok da suka haura shekara 2,000. Maƙeran Hausa kuwa har yau ana danganta su da asirin wuta, ana kallonsu a wurin biki suna wasa da jan ƙarfe da hannu. Zugazugi da gawayin ƙirya da awartaki sun fi dacewa da cikin ƙyastun sihiri na Hausa a kan duk wani abin da za a kwaso daga almarar Turai, kuma mai karatu zai fi yarda da na'urar da ya ji tana numfashi irin na zugazugi.

A cikin labari, rigimar takan koma kan wanda ya mallaki na'urar, ko sarki ne, ko zuriyar maƙeran da suka ƙera ta, ko ɓarawon da ya sace ta ya raba wa talakawa, kamar yadda Prometheus ya sato wuta daga alloli a almarar Girkawa. Hausa ta ƙara wa wannan rigima wani gishiri, domin kalma ɗaya take amfani da ita ga wutar murhu da ta lantarki, saboda haka idan aka ce sarkin almara ya ɗauke wuta a unguwar da ta ƙi biyan haraji, mai karatu a Nasarawa Gwom ta Jos ko Nyanya ta Abuja ya riga ya san yadda daren zai kasance.