Ciyar da tsuntsayen daji a gida lokacin hunturu

Ciyar da tsuntsayen daji shi ne a ajiye musu hatsi da ruwa a tsakar gida ko gindin itace, su zo su ci su tafi, ba a kama su ba. A Turai ana yin haka saboda ƙanƙara na rufe musu abinci. A Maraɗi kuwa, daga Nuwamba zuwa Fabrairu, ƙishirwa ta fi damun su. An gama girbi, akwai sauran ƙwaya a gonaki, amma kududdufai sun ƙafe, Gulbin Maraɗi ya koma rairayi, ruwa mai yawa sai tafkin Madarumfa.

Saboda haka kaskon ruwa ya fi mudun hatsi jawo tsuntsu. Kasko marar zurfi ake so, ruwan kada ya wuce gaɓar yatsa, a sa dutse a tsakiya don ƙanana su samu wurin tsayawa. Ƙurar hunturu kan rufe shi kafin azahar, dole a riƙa wankewa ana sakewa kullum. Da hantsi za a ga kurciya ta sauka nesa kaɗan, ta tako tana gyaɗa kai, ta tsoma baki ta zuƙa ba ta ɗago ba. Gwara kuwa sai ya kurɓa ya ɗaga kai sama.

Abincinsu gero ne da tsakin dawa. Dama inda mata ke sussuka da shiƙa ba ya rabo da kurciya da bardo da hasbiya. Tuwo mai miya da hatsin da ya yi fumfuna suna cutar da su. Shamuwa ba ta cikin baƙin wannan lokaci, tun ƙarshen damina ta yi kudu.

Itace ma abinci ne. Magarya na nuna da sanyi, gawo kuma na fitar da ganye da fure da rani, ƙwari su taru, masu cin ƙwari su biyo su, har da waɗanda suka ƙetaro Sahara daga Turai. Sassaben zamani, wato barin tohon kututturen itace ya girma a gona ana kula da shi, wanda masanin noma Tony Rinaudo da manoman yankin Maraɗi suka fara a 1983, ya dawo da irin waɗannan itatuwa gonaki.

A ajiye kasko a sarari, inda mage ba ta da maɓoya, a kuma kwaɓi yara masu danƙo. Ya kamata kaskon ya yi nesa da akurkin kaji, domin murar tsuntsaye, wadda ta ɓulla a garin Magarya a 2006, tana yaɗuwa ta kashi da ruwan sha.