Me Ake Nufi da Farfaɗo da Tsohuwar Mota?

Farfaɗo da mota shi ne a ɗauko tsohuwar da ta sha jiki, a mayar da ita yadda take ranar da ta fito daga kamfani. Ya wuce gyaran da bakanike ke yi don ta tashi ta kai ka Zariya. Kwance ta ake yi kaf, injin gefe, kujeru gefe. A kankare fenti har ƙarfe ya bayyana, a yanke duk inda tsatsa ta ci, a walda sabo. Daga nan sai neman kayan asali, na samfurinta kuma na shekararta, kuma a nan aikin ke cin rai, domin fitila ɗaya ko sitiyari sai a yi watanni ana cigiya. In aka dasa mata injin wata motar, ko aka sauya mata launi, darajarta ta faɗi ke nan a idon masu harkar.

Talabijin ce ta ƙara wa abin tashe. Richard Hammond, Baturen Ingila da ya yi suna a shirin motoci na Top Gear, ya buɗe garejin The Smallest Cog a yankin Herefordshire a 2021, 'yan kyamara na biye da shi suna ɗaukar yadda sana'ar ke tafiya. Sai da ya sayar da wasu motocinsa da babura kafin ya haɗa jari. Amma fa mai kallo ya sani, aikin watanni ne ake dunƙule masa cikin abin da bai kai awa guda ba, kuma sunan mai garejin kansa jari ne da ba kowane makanike ke da shi ba.

Mu a Kaduna kayan aikin na nan. Tun 1975 kamfanin Fijo ya fara harhaɗa motoci a Kakuri, samfurin Fijo 504 ta zama motar manyan ma'aikata da direbobin tasha, har yau kuma ana ganin ragowarta a bayan gidaje, tayoyi a sace. Masu walda da ƙira na kasuwar Panteka kuwa, hannunsu ya faɗa.

Mai saye ne ke wuyar samu. A wurinmu tsohuwar mota ana mora ta da lodi har ta mutu, sannan 'yan gwangwan su auna ta a kilo. Wanda ke da kuɗin farfaɗo da 504 kuwa, yawanci ya gwammace ya ƙara kaɗan ya sayi 'yar Kwatano mai na'urar sanyi.