Waiwaye: Alberto Breccia, mai zanen da ya mayar da reza alƙalami

Duk wanda ya saba da labaran zane irin waɗanda baƙar tawada ke cinye rabin shafi, fuska ta fito kamar an haska ta da aci-bal-bal, to ya ga sawun Alberto Breccia ko da bai taɓa jin sunansa ba.

A Montevideo ta ƙasar Yurugwai aka haife shi a 1919, amma tun yana ɗan shekara 3 iyayensa suka ƙaura Buenos Aires ta Ajantina, unguwar Mataderos, wato unguwar mahauta. Nan ya yi aikin gyaran hanji kafin zane ya fara ciyar da shi. Ya daɗe yana zanen kasuwa, mai tsabta ba hayaniya, har ya haɗu da marubuci Héctor Germán Oesterheld. Tare suka yi Sherlock Time a 1958, sannan Mort Cinder daga 1962 zuwa 1964, labarin mutumin da ke mutuwa yana dawowa. Fuskar tsoho Ezra Winston a labarin ta Breccia ce da kansa, ya ƙara mata shekaru.

A nan reza ta shigo. Ana tsoma bakinta a tawada, in an tsayar da ita sai ta ja layi siriri kamar gashi, in an kwantar da ita a ja, sai ta bar baƙi mai faɗi, mai tsattsagewa a gefe, irin wanda burushi ba ya bayarwa. Aikin na son takarda mai kauri da hannu mai sauƙi: tawada ta yi yawa ta malale, an danna da ƙarfi takarda ta yage. Daga baya ya ƙara da yayyaga takardu yana mannawa, musamman lokacin da ya zana labaran tsoro na marubucin Amurka Lovecraft a shekarun 1970, inda da gangan yake hana dodo fitowa sarai.

Matsalar tana wajen ɗab'i. Injin bai san toka-toka ba, sai an farfasa shi zuwa ƙananan ɗigo, takarda mai araha kuwa shan tawada take, ɗigon su haɗe, zane ya zama taɓo. Ga kuma masu karatu da suka saba da zane mai sauƙin ganewa. Da ya sake zana El Eternauta, labarin Oesterheld na mahara daga wata duniya, a mujallar Gente a 1969, wasiƙun ƙorafi suka yi ta zuwa, mujallar ta gajarce labarin. Sai dai zane ba shi kaɗai ya jawo ba, domin a wannan zubin manyan ƙasashe ne suka miƙa Kudancin Amurka ga mahara, kuma soja ke mulki a lokacin. Shekara guda kafin nan hukuma ta ƙwace littafin rayuwar Che Guevara da ya zana tare da ɗansa Enrique. Oesterheld kansa sojoji suka ɗauke shi a 1977, ba a sake ganinsa ba.

Turai ce ta rungume shi, musamman Italiya da Faransa. Perramus, da ya yi da marubuci Juan Sasturain kan zamanin mulkin soja, ya samu lambar yabo ta Amnesty International a 1989. Cikin waɗanda ya koyar a makarantar zane ta Panamericana akwai José Muñoz, wanda ake ganin tasirin baƙi da farinsa a labarin zane na Sin City na Ba'amurke Frank Miller. Breccia ya rasu a Buenos Aires ranar 10 ga Nuwamba, 1993.