Takaddamar Raba Daidai a Ɗaukar Ma'aikatan Gwamnati

Raba daidai shi ne tsarin rarraba guraben aikin gwamnati a Najeriya tsakanin jihohi da al'ummomi, don kada wani yanki ya yi babakere. Ya fara shiga kundin tsarin mulki a 1979, yana kuma nan a sashe na 14(3) na kundin 1999. Sashe na 14(4) ya ɗora wa jihohi da ƙananan hukumomi irin wannan nauyi. A 1996 gwamnatin Janar Sani Abacha ta kafa Hukumar Raba Daidai ta Tarayya. Bisa ƙa'idojinta, a manyan guraben tarayya kowace jiha za ta samu tsakanin kashi 2.5 zuwa 3 cikin ɗari, Abuja kuma kashi 1.

Wanda aka danne wa kasonsa, hanyarsa zuwa kotu ba mai sauƙi ba ce. Sashe na 14 yana cikin Babi na Biyu, kuma sashe na 6(6)(c) ya hana kotuna sauraren ƙara kan abin da ke cikin wannan babi. Shi ya sa lauyoyi kan bi ta sashe na 42, wanda ya haramta nuna bambanci saboda ƙabila, jinsi, addini ko asali. Sai dai shi ma sakin layi na uku nasa ya bar ƙofa ga dokokin da suka sa sharuɗɗa wajen naɗa mutum a muƙamin gwamnati, soja ko ɗan sanda. Shari'ar da aka fi kafa hujja da ita, ta wata yarinya mai suna Badejo da Ministan Ilimi na Tarayya, kan makin shiga makarantun haɗaka na tarayya ce. Ta kai Kotun Ƙoli a 1996, amma an riga an gama tantance ɗaliban tun da daɗewa, yarinyar ba ta samu gurbin ba. Rikicin aiki kuwa yanzu Kotun Ma'aikata ta Ƙasa (National Industrial Court) ce ke da hurumin saurarensa.

A Bauchi da Gombe tushen rigimar takarda ɗaya ce: shaidar zama ɗan asalin ƙaramar hukuma. Matashi zai tsaya a sakatariya da wasiƙar mai unguwa da ta hakimi, yana jiran sa hannun shugaban ƙaramar hukuma, kuma ba tare da ita ba digirinsa ba zai shigar da shi kason jiha ba. Da aka cire Gombe daga Bauchi ranar 1 ga Oktoba 1996, Bauchi ta rage da ƙananan hukumomi 20, Gombe ta tashi da 11. Wanda aka haifa a unguwar Wunti cikin garin Bauchi, ya girma a can, amma mahaifinsa ɗan Dukku ne, sai ya wayi gari a kason Gombe. Wannan babban gibi ne a dokar, domin ta fi duba asalin uba fiye da inda mutum ya rayu yake biyan haraji.

Matan aure sun fi shan wahalar wannan, tunda ƙa'idar hukumar ta ce mace tana nan a jiharta ta asali ko ta yi aure. A 2012 Babbar Jojin Najeriya, Aloma Mukhtar, ta jinkirta rantsar da Mai Shari'a Ifeoma Jombo-Ofo a Kotun Ɗaukaka Ƙara saboda 'yar Anambra ce da aka zaɓa a kason Abiya, jihar mijinta. Majalisar Dattawa ta sa baki, daga baya aka rantsar da ita.

A Afrilun 2022 Babbar Kotun Tarayya a Abuja ta umarci gwamnati ta ware wa mata kashi 35 na muƙaman naɗi, kamar yadda manufar jinsi ta 2006 ta tanada. Dokar kare masu buƙata ta musamman, wadda Shugaba Muhammadu Buhari ya sa wa hannu a Janairun 2019, ta ware musu aƙalla kashi 5 na guraben hukumomin gwamnati. Amma an haɗa da cewa “gwargwadon yadda zai yiwu”, kuma wannan sharaɗi ne ke sa tilasta kason a gaban alƙali ya yi wuya.