Kalmomin Turanci masu kama da juna a kunne: tambayoyi da amsoshi

Me ya sa "sheet" da "beach" ke jefa mai koyon Turanci cikin kunya?

Kowacce tana da 'yar'uwar da tsawon wasali ya raba su. "Sheet" zanen gado ne ko fallen takarda. Ka gajarta wasalin, a gafarce mu, ta koma "shit", wato kashi, kalmar da Bature ke lissafawa cikin ashar. "Beach" bakin teku ne mai yashi. "Bitch" kuwa a ƙamus karya ce, macen kare, kuma masu kiwon karnuka suna faɗinta ba tare da wata manufa ba, amma a bakin titi mummunan zagin mace ne. Haka "peace", zaman lafiya, da "piss", fitsari.

Ba wai Bahaushe bai san dogon wasali ba. Ya san bambancin garin da ake zama a ciki da garin da ake tuƙa tuwo da shi. Inda gizo ke saƙar shi ne, a Hausa dogon wasali ba ya zama a gaɓar da baƙi ya rufe. Da zarar harshe ya ji "t" ko "c" na tafe a ƙarshe, sai ya datse wasalin da kansa. Maganin: ka ce "shiiti" da "biici" sau goma, leɓɓa a baje kamar mai murmushi, sannan ka yar da wasalin ƙarshe ka bar na tsakiya da tsawonsa.

To rikicin "p" da "f" fa?

Hausa sauti ɗaya take da shi a nan, kuma da leɓɓa biyu ake furta shi, shi ya sa wani ke cewa fanka, wani panka, ba a samu saɓani ba. Turanci ya raba su. A "f" haƙoran sama ne ke taɓa leɓen ƙasa, iska na fita a hankali. A "p" leɓɓa ke haɗuwa su buɗe da ƙarfi. Riƙe fallen takarda kusa da baki ka ce "pool": takardar za ta yi tsalle. Ka ce "fool": da ƙyar za ta motsa. Na farko tafkin wanka ne, na biyu wawa. Mai neman cokali mai yatsu a wurin cin abinci, "fork", in bai kula ba sai ya ce "pork", naman alade.

Na ji saurayi ya ce wa sabuwar mota "sick". Motar ce ba ta da lafiya?

Yabo ne. A daidaitaccen Turanci "sick" rashin lafiya ne, "wicked" mugu, "dope" kayan maye. A bakin samari duk ukun na nufin abu ya haɗu. Mu ma muna yi: miya ta yi mugun daɗi, shadda ta yi bala'in kyau. Abin da za ka duba shi ne abin da aka siffanta da kuma fuskar mai magana. Idan mota ce ko waƙa ko ƙwallon da aka zura a raga, yabo ne. Idan jariri ne, a nemi asibiti.

"Cap" hula ce, amma a Turancin matasan Amurka ƙarya ce, don haka "no cap" na nufin ba wasa nake ba. "Coke" kuma uku ce: lemon Coca-Cola, hodar iblis, da wani nau'in kwal da ake narkar da ƙarfe da shi.

Akwai waɗanda rubutunsu ne kawai ke tona su?

Akwai. "Bay" sashen teku ne da ya kutsa cikin ƙasa, "bae" masoyi ko masoyiya, furucinsu ɗaya sak. "Fat" mai ƙiba ne, kuma faɗinsa ga mutum cin fuska ne, alhali "phat" yabo ne da ya shahara a bakin mawaƙan hip-hop. "Diss" guntun "disrespect" ne, wato wulaƙanci ko habaici, kuma wanda ke furta "this" da "d" sai ya faɗo kanta.

Ma'anar na canzawa tsakanin Ingila da Amurka?

Sosai, kuma nan ne ɗalibai masu fita karatu ke tuntuɓe. "Rubber" a Ingila abin goge fensir ne, a Amurka kwaroron roba. "Pants" a Amurka wando ne, a Ingila kamfai. "Pissed" a Amurka wanda ya fusata, a Ingila wanda ya bugu. "Ass" a tsofaffin littattafai jaki ne, a Amurka mazaunai. In jakin kake nufi ka ce "donkey" ka huta.

Turancin da muke yi a Najeriya fa, kuskure ne?

A'a, amma yana da iyakarsa. A Janairun 2020 babban ƙamus na Oxford ya shigar da kalmomin Najeriya 29, har da "Kannywood" da "gist". Sai dai "gist" a wurin ɗan Ingila gundarin magana ne, a wurinmu hira ko gulma. Wadda ta fi haɗari ita ce "flash". Mu kira ne a katse kafin a ɗaga. Ka ce wa baƙo daga Landan "I will flash you", yana iya fahimtar cewa tsiraici za ka nuna masa.

Ta yaya zan tantance kafin in yi amfani da kalma?

Buɗe ƙamus na masu koyo, na Oxford ko Cambridge ko Longman, duk suna intanet kyauta. Kada ka tsaya a ma'ana ta farko, ka sauka har ƙasa. Duba alamar da ke gefen kowace ma'ana: "informal" ta hira ce, "slang" ta samari da abokai, "offensive" ko "taboo" zagi ne ko batsa. Danna hoton lasifika ka ji furucin Ingila da na Amurka, ka naɗi muryarka a waya ka kwatanta. Duk ma'anar da ke ɗauke da "slang", kada ta shiga takardar neman aiki ko amsar jarrabawar WAEC da NECO da IELTS ta gwajin Turancin masu fita waje, ko da ka gan ta sau ɗari a TikTok.